Wa Ya Buɗe Mini Ƙofa?

Ni ne ɗan fari a ɗakinmu, saboda haka na tashi ban taɓa jin sunana a bakin mahaifiyata ba. Inna ta riƙe alkunya irin ta mutanen da. Daga ƙauyensu ta taho da abarta har cikin Gyaɗi-Gyaɗi, kuma zaman birni bai rage mata ko ƙwayar zarra ba. In za ta aike ni, sai ta ce, "Kai, zo nan." In da baƙi a tsakar gida, na koma "wancan". Da na fara koyarwa a wata firamare a Tarauni na samu ƙarin girma, ta riƙa ce wa ƙannena, "Ku rufe wa Malaminku tuwo." Ina yaro abin yana ci mini rai, ba zan ɓoye ba. Abin da ya fi ƙona ni shi ne akwai wani yaro a layinmu da take kiran sunansa ba ko nauyin baki, kuma a kwanona yake cin abinci.

Wannan yaro shi ne aminina. Mahaifiyarsa ta rasu tun bai yi wayo ba, shi ya sa rabin rayuwarsa a gidanmu ya yi ta. Inna ta yi masa wanki, ta cire masa ƙaya a ƙafa, ta zane shi ranar da muka je wanka kududdufi, ni bulala uku shi bulala uku, ba son kai. In aka tambaye ta 'ya'yanta nawa, takan haɗa da shi a lissafi. Ni kuwa kishin da nake yi da shi bai taɓa wuce na suna ba, a sauran komai tamkar ciki ɗaya muka fito.

Maƙwabtanmu na jikin katanga mutanen Kudancin Kaduna ne, Kiristoci, maigidan ma'aikacin gwamnati. Su ne suka fara sayen bidiyo mai kaset a layin. Ranar Asabar da rana, in an yi sa'a da wuta, matar gidan takan shimfiɗa mana tabarma a falo, ta ce duk wanda bai wanke ƙafa ba kada ya taka mata. A nan muka fara ganin fina-finan gawar Masar. Duk kusan tafiyarsu ɗaya ce. Turawa masu malafa za su je cikin rairayi, kusa da waɗannan manyan gine-ginen dala na Fir'auna, su yi ta haƙa har su tarar da ƙofar kabari. A jikin ƙofar akwai rubutun gargaɗi. Wani dattijo ɗan ƙasar zai roƙe su kada su buɗe, su yi masa kallon mahaukaci, su buɗe. Daga nan gawa naɗe da tsummokara za ta tashi ta bi su ɗaya bayan ɗaya. Mukan ji tsoro har mu ƙanƙame juna, amma ko sau ɗaya ban taɓa tausaya wa masu malafar ba. An ce kada ku buɗe, uban wa ya aike ku?

Aminina shi ne tafintanmu. Turancinsa a lokacin bai wuce na gaisuwa ba, amma Allah ya yi masa baki. Bature zai yi magana mai tsawo, shi kuma ya ce, "Cewa ya yi yunwa yake ji, a kawo masa ƙosai." Gawa za ta yi gurnani, ya ce, "Tana tambaya wa ya ɗauke mata takalmi." Har matar gidan takan bar girki ta tsaya a bakin ƙofa tana dariya.

A falon nan ne muka ji cewa irin wannan gawar da ake naɗewa, Turawa momi suke ce mata. Muka kwashe da dariya, don kuwa 'ya'yan gidan Momi suke kiran mahaifiyarsu, kuma autarmu ta riga ta kwaso kalmar ta kai gida, ta liƙa wa Inna. Da yamma aminina ya je ya tsegunta. Inna tana tankaɗe, ta ɗago ta dubi auta ta ce, "Au, ashe gawa kika mai da ni tun ina da raina?" Auta ta fashe da kuka, Inna ta jawo ta tana dariya. Sunan dai bai fita ba. Mu manya muka ci gaba da cewa Inna, auta kuwa har ta yi aure Momi take cewa.

Da muka girma ni na bi alli, shi ya bi bakinsa. Ya buɗe shago a bakin titi a nan Gyaɗi-Gyaɗi, inda ake tura wa mutane fina-finai a waya. Daga baya ya yanki wani lungu a bayan shagon, ya manna soson katifa a bango don kada ƙarar titi ta shiga, ya sa kwamfuta da makirfo, ya fara fassara fina-finan waje zuwa Hausa. Ƙaryar da yake yi mana a kan tabarma ta zama sana'a. 'Yan adaidaita sahu da masu shayi har Hotoro sun san muryarsa. Na yi alfahari da shi, Inna kuwa ba ta taɓa kallon fim ɗinsa ko ɗaya ba, amma kullum sai ta ce Allah ya yi wa neman albarka.

Ciwon Inna shanyewar ɓarin jiki ne. Ya kwantar da ita wata da watanni, ya nauyaya mata harshe, muryarta ta dushe ta koma can ƙasan maƙogwaro, kowace kalma sai ta jawo ta da ƙyar. Haske ya zama abokin gabarta, kullum ɗakinta a rufe, labule a sake.

Wata rana da azahar na dawo daga makaranta, na wuce ɗakinta kai tsaye kamar yadda na saba. Ban san auta tana ciki ba, ta kara mata waya a baki tana ɗaukar gaisuwar da za a aika wa ƙanwar Inna a ƙauye. Na tura ƙofa, rana ta faɗa kan gadon. Inna ta runtse ido ta ce, a hankali, da wannan murya tata ta ciwo, "Wa ya buɗe mini ƙofa? Ku rufe. Ku bar ni in kwanta."

Auta ta ce, "Momi, Yaya ne."

Na mai da ƙofa na rufe, na tsuguna a gefen gado. Sai Inna ta juyo da fuskarta wajena, ta kira sunana. Sunana na yanka, cikakke, ba ta rage masa harafi ba. Ta ce, "Ka ci abinci?"

Ban iya amsawa ba. Ina da shekara arba'in da 'yan kai, da mata da 'ya'ya, amma na kifa kaina a bakin katifa na yi kuka irin na yaron goye. Ban sani ba ko ciwo ne ya mantar da ita alkunya, ko kuwa ta ga lokaci ya ƙure ne ta ce bari ta ba ni abina. Ba ta sake faɗa ba har ta koma ga Allah bayan kwana tara.

Ashe auta ba ta tsayar da ɗaukar ba, komai ya shiga. Ta turo mini a wayata, ta sa masa suna Momi, yadda take sa wa duk abin da ya shafi Inna. Ba ta aika ƙauye ba, ta ce wannan nawa ne ni kaɗai. Ranar sadakar uku, bayan mutane sun ragu, na ja aminina zaure na kunna masa. Shi ne mutum na farko da na bari ya ji, kafin matata ma. Da aka zo wurin sunan ya kama hannuna ya matse, hawaye na zuba a gemunsa. Ya ce, "Ka ga, ta biya ka duka a rana ɗaya." Na riƙe wannan maganar, don daga baya na yi ta juya ta a raina.

Bayan arba'in aka ƙwace wayar auta a hanyar kasuwa, ya zama saura tawa kaɗai. Kullum ina cewa zan tura wa matata don a samu biyu, kullum ina ɗagawa, don wani ɓangare na zuciyata ba ya son kowa ya mallake shi sai ni. Wannan laifina ne, na ɗauka. Da damina ta zo, ina tsallake kwata a Tarauni ana tsuga ruwa, wayar ta zame daga aljihun gaba ta faɗa ciki. Na tsamo ta, na goge, na binne ta a cikin shinkafa kwana biyu kamar yadda ake cewa. Ko ƙyaftawa ba ta yi ba.

Wurin wa zan kai in ba wurinsa ba? Shi ke da kwamfuta, shi ya san masu gyara, shi ya san abin da ke ciki. Na miƙa masa na ce, "Ban damu da wayar ba, ban damu da hotuna ba. Muryar Inna kawai." Ya dafa ƙirji ya ce, "Haba, uwata ce fa ni ma."

Bayan mako guda ya zo gida da kansa, ya zauna a tabarma, ya ƙi shan ruwan da aka kawo masa. Ya ajiye wayar a gabana ya ce ta ƙone daga ciki, an gwada duk dabara, ba abin da ya fita. Bai iya haɗa ido da ni ba, ni kuma na ɗauka tausayina ne ya hana shi. Har ni na koma ina ba shi haƙuri. Na ce kada ya damu, Allah da ya ba ni na ji sau ɗaya da kunnena ya gama mini komai. Da ya tafi na shiga ɗaki na yi makoki na biyu, wanda ba mai zuwa yi maka gaisuwarsa.

Watanni suka wuce. Wata rana lokacin hutun tara, ina zaune a ƙarƙashin darbejiyar makaranta ina duba littattafai, na ga 'yan aji huɗu suna wasa. Ɗaya ta lulluɓe kanta da hijabi har fuska, ta miƙe hannuwa gaba, tana jan ƙafa, sauran suna gudu suna ihu. Ta shaƙe murya tana cewa, "Wa ya buɗe mini ƙofa? Ku bar ni in kwanta!" Jan birona ya ja layi a littafin wani. Na kira su na tambaya a ina suka ji. Suka ce a sabon fim ɗin momi ne mai fassara, kowa ya gani, har a gidan biki ana kwaikwayo. Na sallame su. Na ce wa kaina ai magana ce da kowa zai iya faɗa, wace gawa ce za a tasa ba ta tambayi wanda ya buɗe ƙofa ba? Na ƙarasa duba littattafaina, amma ban san me na rubuta a ciki ba.

Kwana biyu bayan haka na hau adaidaita sahu daga Tarauni zan koma gida. Wani saurayi a gefena yana kallon fim a waya, ya ƙure sauti, ba ruwansa da kowa. Na ji muryar aminina tana zuba a bakin wani Bature, na ɗan yi murmushi ma. Na leƙa. Masu malafa sun kewaye akwatin dutse, suna tura murfinsa, ƙura na tashi. Hannu naɗe da tsumma ya fito ya kama gefen akwatin. Sai Inna ta yi magana.

An sa mata amsa-kuwwa, an ja muryar ta ƙara kauri, an zuba kiɗan tsoro a ƙarƙashi. Amma ko cikin kasuwa aka jefa muryar uwarka za ka tsince ta. Har ɗan numfashin da take ja kafin ta ce "ku rufe" yana nan, har ƙarar marfin ƙofarmu da ba a taɓa sa wa mai ba. Saurayin ya ƙyalƙyale da dariya, direba ya waiwayo ya maimaita maganar yana kwaikwayonta, wata mata a ɗaya gefen ta ce wannan tsohuwa ta iya abin tsoro. Na ce a tsaya. Na sauka tun ba mu kai rabin hanya ba, na tsaya a bakin titi ina riƙe da sandar fitila.

Da ƙafa na ƙarasa shagonsa. Yana lungun nan mai soso, abin sauraro a kunne. Da ya ga fuskata ya cire shi a hankali ya ajiye. Ban yi sallama ba, kuma wannan ne karo na farko a rayuwata da na shiga wuri ban yi ba.

Na ce, "Ka ce ta ƙone."

Ya fara da abin da ya tanada. Ya ce kuskure ne. Wai lokacin yana tsakiyar aikin fim ɗin, duk sautukan aikin ya tara su wuri ɗaya a kwamfuta ya sa musu suna momi, na Inna kuma da ya fito sunansa Momi, sai ya faɗa cikinsu bai lura ba.

Na ce, "Ba ka lura ba? Kai da ka matse mini hannu a zaure? Kai da ta yi wa wankin wando kana fitsarin kwance? Akwai muryar da ka fi sani a duniya?"

Ya sunkuyar da kai. Na ce ba faɗa na zo yi ba, ya ba ni na asalin in tafi, sauran magana tsakaninsa da Allah. Na miƙa masa sabuwar wayata. Bai karɓa ba. A nan na gane akwai abin da ya fi wanda na sani muni.

Da ƙyar ya faɗa, yana kallon ƙasa. Mai gyara ya samu wayar ta farfaɗo na ɗan lokaci tun rana ta biyu, aka kwashe abin da aka iya, sannan ta mutu gaba ɗaya. Muryar Inna ta fita lafiya lau. A lokacin aminin nawa ya kwana uku yana neman wanda zai yi masa muryar gawa, duk wanda ya gwada sai abin ya fito kamar wasan yara, ga wasu masu fassara suna shirin riga shi sakin fim ɗin. Ya kunna ta Inna don ya tabbatar ta fita, sai ya ji maganar ta zauna daidai kan wurin buɗe akwati kamar don shi aka yi ta. Ya ce wallahi gwadawa kawai ya yi niyya, ya gani, ya cire. Ya yanke farkon, ya yanke ƙarshen, ya sa amsa-kuwwa. Da ya zo adanawa, ya adana a kan na asalin.

Na ce, "Ƙarshen fa? Inda ta kira ni?"

Ya ce ya nema. Ya kai kwamfutar wurin mutum biyu. Babu.

Na jingina da soson bangon. Da a nan labarin ya tsaya, ina jin da wata rana na yafe. Hannu yana kuskure, tsoro yana sa mutum ƙarya, ni ma na yi sakaci da na bar abu ɗaya tilo a waya ɗaya. Amma akwai tambayar da ta rage, na yi masa ita. Na ce, "To bayan ka lalata, bayan ka zo gidana ka zauna a tabarmata na ba ka haƙuri, me ya sa ka bar ta a cikin fim ɗin? Me ya sa ka sake shi?"

Ya ɗago ya dube ni, idonsa jawur, ya ce, "Na ga tunda ta riga ta lalace..."

Bai ƙarasa ba, ni ma ban jira ba. Wannan rabin maganar ita ce ta raba mu. Mutumin da ya zauna kusa da ni a tabarmar maƙwabta muna zagin masu tone kabari, shi ne ya auna uwata a kwance cikin ciwon ajali, ya ga ta dace da gawa mai tsumma, ya tura ta cikin wayoyin Kano a yi dariya. Na sha jin an ce an ci amanar wane, ban san haka take da ɗaci a baki ba sai ranar.

Ya biyo ni har titi yana rantsuwa zai janye fim ɗin. Na ce ya janye daga ina? Daga wayar direban da ya ɗauko ni, ko daga bakin 'yan aji huɗu? Ya aiko manya daga baya, har limamin layinmu. Na karɓe su da mutunci, na ce na ji. Muna gaisawa in mun haɗu a masallaci ko wurin jana'iza, don Inna ba za ta so a ce 'ya'yanta ba sa ga maciji ba. Amma bai ƙara taka zauren gidanmu ba, ni ma na canza hanyar da nake bi zuwa titi. Auta ban gaya mata ba har yau. Ba ta kallon fim ɗin tsoro, ina roƙon Allah ya sa kada ta fara.

A fina-finan da muka kalla muna yara, duk wanda ya buɗe kabari sai la'ana ta bi shi har gida. A nan ba abin da ya bi kowa. Fim ɗin ya karɓu, shagonsa ya ƙara cika, na ji har ya sayi sabuwar kwamfuta. Inna ba mai tsinuwa ba ce ko da ranta, balle yanzu.

Abin da ban taɓa gaya wa kowa ba shi ne, bayan kamar wata biyu na hau mota na tafi Hotoro, inda ba wanda ya san ni. Na shiga wani shagon tura fina-finai, na miƙa wayata, na ce a sa mini fim ɗin momi mai fassara. Mai shagon ya yi dariya ya ce, "Malam, kai ma wa ya buɗe mini ƙofa ta kamo ka?" Na ce eh.

Yana nan a wayata, na kuma tura shi wuri uku. Na san daidai inda zan ja in tsaya, ban taɓa kallon abin da ke gabansa ko bayansa ba. In kewarta ta taso mini, nakan rufe ƙofar ɗaki, in kifa wayar a kan cinyata don kada in ga tsummokaran, in saurara. Ta tambayi wanda ya buɗe mata ƙofa, ta ce a rufe, ta ce a bar ta ta kwanta. Daga nan akwai ɗan shiru kafin Bature ya ƙwalla ihu da muryar aminina. A cikin shirun nan, wurin da aka yanke, auta ta ce Yaya ne, a cikinsa Inna ta juyo ta kira ni. Nakan tsayar da fim ɗin a daidai wurin, in ce, "Na'am, Inna. Na ci."